Majigi Ta Bayan Ƙyalle

A ƙarshen zamanin Turawa, lokacin da ake ta maganar mulkin kai amma ba a kai ga samu ba, na gama makarantar horon malamai aka turo ni Kankiya in koyar a elemantare. Aka ba ni wani ɗan gidan ƙasa a bakin filin makaranta, zaure ɗaya, ɗaki biyu, da katanga wadda ta ɗan fi tsawona. Kakata ta wajen uba ta biyo ni, wai kada yunwa ta kashe ni. Ita ce ta laƙaba mini Malam Wataƙila, domin ko ruwa ake shekawa, in ta ce "Ana ruwa?" sai na leƙa tukuna sannan in ce da alama. A makaranta an hore mu kada mu faɗi abin da ba mu tabbatar ba. Ina jin ni na ɗauki horon da zafi fiye da yadda malamanmu suka nufa.

Ba a daɗe ba na yi aure. Matata 'yar Ƙofa ce, a ƙasar Kusada, ɗiyar wani manomi abokin mahaifina. An tambaye ta ta ce tana so, ni ma haka. Kafin biki kowa ya ce in shirya kunnuwana, don ba a yi mai baki da ban dariya kamarta a Ƙofa ba. In ta zauna bakin rijiya, wai har 'yan mata su manta da tulunansu. To ga ta a gidana, shiru. Da farko na ɗauka kunyar amarci ce. Damina ta shigo ta fita, shirun yana nan. "Sannu da zuwa, Malam." "Ga ruwa, Malam." "To, Malam." Iyakar abin da nake samu ke nan.

Na yi ƙoƙari irin nawa. Nakan karanta mata jaridar Hausa da ke zuwa makaranta, tun daga labarin majalisa har farashin gyaɗa. Takan sunkuyar da kai ta saurara har in gama. Na koya mata haruffan boko a kan allo, ta kuwa ɗauka da sauri, amma kamar mai shan magani.

Bayan girbi, wata rana na dawo daga aji, kakata ta tare ni a zaure.

"Kai, mijin banza, zauna nan. Ka san yayanta zai zo ran kasuwa ya tahi da ita ganin gida?"

"Na sani, Kaka. Ni na ba da izini."

"Ka ba da izini. To ka leƙa ka ga ƙunshin? Mai zuwa ganin gida zane biyu take ɗauka. Wagga har madubi ta naɗe, har 'yar tasar da uwarta ta ba ta."

"Wataƙila tana so ta nuna wa..."

"Ku ji shi! Wataƙila. Yarinyar nan ba ta yi faɗa da kowa ba, ba ta ce an cuce ta ba. Ce mini ta yi gidan ya yi mata shiru, ko tari za ta yi sai ta ji kamar ta nemi izini. In ta tahi, za ta ce sai an gama sussuka. Daga nan sai bayan salla. Daga nan ka ji alƙali na nemanka."

Na zauna a zauren nan har aka kira la'asar. Ina son matata. Ban san dai ta inda ake nuna hakan ba, ga shi kuma kasuwa saura 'yan kwanaki.

Kashegari da hantsi, ranar ba makaranta, mai shela ya bi unguwa yana cewa motar majigi ta iso, za a yi kallo yau da gobe a filin makaranta bayan sallar lisha. Matata tana tankaɗe a tsakar gida. Ta tsaya cak da rariya a hannu, ta ce, "Majigi!" da wata murya mai ƙarfi wadda ban taɓa ji daga bakinta ba. Sai ta tuna ina nan, ta sunkuya ta ci gaba da aikinta. Matar aure ba ta zuwa kallo a lokacin, balle matar malami. Ba ta roƙa ba, ni ma ban ga ta inda zan tada maganar ba. Amma na ce a raina, tunda ba za ta je ba, ni zan je in kalla da kyau, in kawo mata shi ɗungurungum.

Da yake ni ne ƙarami a cikin malamai, jera bencina don manyan gari aikina ne. Masu majigi suka kafa sanduna biyu can ƙarshen fili wajen hanya, suka ɗaura farin ƙyalle a tsakani, suka ajiye injin a gaban motarsu. Daga gidana gefen ƙyallen kawai ake hange. Na zauna a benci bayan mutanen hakimi, hannuwa bisa gwiwa, ina hardace kome. In jama'a sun fashe da dariya nakan duba na gabana, in na ga ba su motsa ba, ni ma in daure.

Da safe, bayan ta ajiye mini koko, na ce ta zauna. Na gyara murya na soma. Na ce an fara nuna Gwamna yana sauka daga jirgi. Sannan aka nuna manoma biyu, ɗaya mai bin shawarar malamin gona, ɗaya mai taurin kai, kuma manufar, a fahimtata, ita ce a riƙa ɗaga rumbu daga ƙasa, a kuma nisanta dabbobi da shi. Na kawo dalilai. Ta saurara kamar yadda take sauraren farashin gyaɗa.

Da na gama sai ta ce, "Malam, da wane hannu suka ci tuwo?"

"Tuwo? Da dama mana. Ina jin da dama ne."

"Gwamnan fa, da wane hannu ya sara?"

"Da dama."

"A ina ka zauna?"

"A benci, a gaba."

"Ayya," in ji ta. "Shi ya sa."

Na ce ta yi mini bayani. Sai maganar ta ɓalle mata. Ta ce tana budurwa majigi ya taɓa zuwa Kusada, suka tako daga Ƙofa ita da ƙawayenta da tallan gyaɗa. Gaban ƙyalle na maza ne da manya, su 'yan mata sai suka zagaya baya. Ashe hoton yana ratsa ƙyallen ya fito ta baya tas, sai dai kome a juye. "Duk mutanen cikin majigi bahagwai ne, Malam! Ka ga dattijo da gemunsa har ƙirji, ya yi bisimilla, ya tsoma hannun hagu cikin miya. Soja ya ƙame ya sara da hagu. Kuma bakin lasifika gaba yake kallo, mu ba mu jin abin da mai bayani yake cewa sai gunaguni. Sai mu sa musu magana da kanmu. Ni ce nake yin muryar Bature, in toshe hanci haka..." Ta kai hannu ga hancinta, ta dube ni, ta sauke. Ta kwashe kwanon koko ta shiga ɗaki.

Tun da aka kawo ta ban taɓa jin ta yi magana mai tsawon wannan ba. Na gane labarina ba zai yi mata kome ba, ko da na iya ba da shi. Ita so take ta gani, ta baya, ta kuma sa musu baki.

Ina cikin aji ina koyar da lissafi, idona yana kan taga. Ga fili, ga katangar gidana a bakinsa. Sai na ga abin a sarari: in aka dawo da sandunan nan kusa da katangata, aka juya ƙyallen ya ba gidana baya, wanda ke tsakar gidana ba abin da zai raba shi da majigi sai tsawon katanga.

Ni ba mutum ne mai yin abu kai tsaye ba. Da aka tashi makaranta sai da na fara zuwa wurin limamin unguwarmu, wani tsoho da ke karantar da littattafai a zaurensa. Na durƙusa na yi doguwar shimfiɗa, na ce akwai wani mutum da ke son sanin hukuncin matar da ta hangi abu daga cikin gida.

"Ƙafarta tana ina?" in ji shi.

"Cikin gida, Allah gafarta Malam."

"To mi ya kawo ka?"

"Sai dai kanta zai ɗan ɗara katanga."

"Da mayafi?"

"Da mayafi."

"Abin da za ta gani, kai ka gan shi jiya, akwai alfasha?"

"Rumbu ne da akuya."

"Tashi ka tahi, ɗana, ka hana ni karatu. Ka gaida wani mutumin."

Daga nan na nufi motar majigi. Shugabansu wani Bakano ne mai hula a karkace, na tarar da shi a inuwar mota yana shan fura. Na gaishe shi, na ce na lura jiya iska tana kaɗa ƙyallen, kuma fitilun masu tsire na bakin hanya suna rage hasken hoto, kuma mai yiwuwa ƙasar wajen tana da gangare. Duk gaskiya ne, ko da yake ba wanda ya dame shi.

Ya dube ni sama da ƙasa. "Malam, wa ya yi ƙorafi? Hakimi?"

"A'a, ba wanda ya yi."

"To ni ramukan nan da ƙyar aka haƙa su, ƙasarku kamar dutse. Faɗi abin da ke tafe da kai."

Na ga ba makawa. Na nuna masa katangar gidana, na gaya masa gaskiya, har da maganar hannun hagu. Ya yi dariya har fura ta sarƙe shi.

"Wallahi duk garin da muka je, bayan ƙyalle ya fi gabansa armashi, mu ma mun sani. Amma yau na fara ganin mai agogo da takalmi ya zo neman baya. To ji nan, ango. Ni ba ruwana da inda ƙyalle ya tsaya, in dai mota za ta iya juyawa. Amma yarana ba za su sake haƙa rami ba. In ka haƙa, mu kafa."

Na ari dagi a maƙwabta, na tuɓe riga, na haƙa ramuka biyu a ƙasar da rabonta da ruwa tun ƙarshen damina. Hannun da bai saba da abin da ya wuce alli ba ya yi bororo, ya fashe. Na juya bencina ɗaya bayan ɗaya. Wakilin hakimi ya biyo ta wajen ya tambayi dalilin sauyin. Na ce, "Ranka ya daɗe, an ga nan ya fi dacewa." Ya dubi fili ya ce lalle nan ya fi, ba hayaƙin tsire. Ya wuce.

A cikin gida na kife turminmu a gindin katanga, na aiki Kaka ta aro na maƙwabciyarmu, matar malamin asibiti, na kife shi a gefe. Na ɗora wani tsohon ƙyaure a kansu. Na hau na gwada, na sauka na sa tsakuwa a ƙarƙashin turmi ɗaya, na sake hawa na yi tsalle.

"Boko ya taɓa shi," in ji Kaka. "Na faɗa wa ubansa tun farko."

Matata tana bakin murhu tana satar kallona. Can ta kasa daurewa. "Malam, mi za a yi da turame?"

"Wataƙila..." na soma. Sai na tsaya. "A'a. Ɗauko mayafinki ki hau ki duba."

Ta hau. Ga bayan farin ƙyalle a gabanta, kusa ƙwarai, iskar yamma tana ɗan kaɗa shi. Ta daɗe a tsaye. Da ta sauko, na ga ta dubi hannuwana. Kafin magariba ta kawo mini man kaɗanya a ɗan ƙoƙo ta ajiye kusa da buta.

Bayan lisha na koma bencina a gaba, don kada a ce malami bai zo ba. Inji ya tashi, haske ya faɗa kan ƙyalle, mai bayani ya kama aikinsa. Hotunan jiya ne aka maimaita. Gwamna ya sauko daga jirgi ya sara, wurin da ba abin dariya ko kaɗan, sai na ji dariyar mata ta taso daga bayan ƙyalle, daga wajen katangata. Wani dattijo a gabana ya waiga hagu da dama. Na daure na ɗan lokaci. Da aka soma na manoman nan biyu, sai na sunkuya kamar mai neman takalmi, na zame, na zagaya ta bayan mota na shige gida.

Su uku ne a kan ƙyauren: matata a tsakiya, maƙwabciyarmu a dama, Kaka a hagu ta riƙe katanga da hannu biyu. Ba wadda ta ji shigowata. Matata ce ke magana. A ƙyalle, na sani tun jiya, manomi mai taurin kai ya fito ya tarar da akuya ta tura kai cikin rumbunsa, ya tsaya yana kallonta yana sosa ƙeya. Sai na ji matata ta sassauta murya, ta yi 'yar gyaran murya irin wadda nake yi kafin in karanta jarida, ta ce:

"To, wataƙila akuya ce. Wataƙila kuma ba akuya ba ce. Bai kamata mutum ya yi gaggawar yanke hukunci ba. Bari in je in tambayi liman."

Muryata ce sak, har yadda nake jan ƙarshen magana. Maƙwabciya ta dafe ciki. Kaka tana cewa, "Shi ne, wallahi shi ne!" Tana cikin faɗa ta waigo ta gan ni tsaye a gindin turmi. Ta zunguri matata. Matata ta juyo, hasken ƙyalle yana kan rabin fuskarta, na ga tsoro ya kama ta. Dariya ta ɗauke. Injin majigi kawai ake ji.

Na san duk abin da na haƙa da rana yana iya rushewa a nan. In na yi shiru, za ta ɗauka fushi ne. In na ce ba kome, za ta ce "To, Malam," ta sauka. Ban san daga ina abin ya zo mini ba. Na gyara murya, da gangan wannan karon, na ce:

"Bayan dogon bincike, da alama dai akuya ce. Amma a jira rahoto."

Kaka ce ta fara ƙyaƙyacewa. Sai matata ta fashe da wata dariya tun daga ciki, ta kama kan katanga, ƙyauren yana rawa a ƙarƙashinsu har na riƙe turmi da ƙafa. Da ta samu numfashi ta matsa gefe ta ce, "Hawo, Malam, za ka rasa wurin da take tunkuyinsa."

Na hau. Gaskiyarta, wata duniya ce daban. Manomi mai hankali, wanda jiya na ɗauke shi abin koyi, ga shi ya zauna da iyalinsa suna zuba loma da hagu ba kunya. Malamin gona ya miƙa hannun hagu a gaisa. Da rubutu ya fito a ƙarshe, sai ga haruffan da nake koyarwa kullum sun juya, suna tafiya daga dama zuwa hagu.

"Ka gani," in ji Kaka, "a nan baya har bokon naku ya musulunta."

Matata ta raba mana aiki. Ita ce Bature da akuya, ni ne duk wani mai ɗaukar kansa da muhimmanci. Na yi kuskure sau biyu, na shigo kafin bakin mutumin ya motsa, ta ce, "Jira shi mana, Malam, kai da ba ka gaggawa!" Da aka kashe inji, haƙarƙarina ciwo yake yi. Tana sauka daga turmi ta ce, kamar mai magana da kanta, "Ashe yana dariya."

Ran kasuwa yayanta ya iso da jaki, ya sayar da waken da ya kawo, ya biyo gidan da azahar. Muka gaisa a zaure. Ban sakankance ba tukuna, don dare ɗaya na dariya ba lalle ya kwance abin da aka daɗe ana ƙullawa ba. Da ta fito, na dubi ƙunshin da ke kanta. Ƙarami ne. Na nemi dalilin shiga ɗakinta, wai zan ɗauko wa baƙo tabarma. Madubi yana rataye a ƙusarsa, 'yar tasa tana kan jere.

A bakin zaure ta tsaya, ta rage murya don kada yayanta ya ji. "Malam, ƙyauren nan, kada a mai da shi cikin itace. Bakanon ya ce wa mijin maƙwabciya za su dawo kafin azumi."

"Ba mai taɓa shi," na ce. Kaka, da ke bayana, ta ce a rubuta ranar, Malam ya yi magana ba wataƙila.

An yi da yayanta za ta yi kasuwa uku a gida. Ranar kasuwa ta biyu, na dawo cin abincin rana, sai na ga jaki ɗaure a ƙofar gidana. Yayan yana zaure yana shan ruwa. Ya ce, "Malam, ga kayanka na maido maka. Ta ishe mu. Duk Ƙofa ba wanda bai ji labarin turame ba, har kwaikwayonka take yi kana haƙa rami."

Na shiga. Ko mayafi ba ta cire ba, ƙunshinta yana ƙasa ba a kwance ba. Ta janyo tabarma da ƙafa ta ce, "Zauna, Malam, ka ji abin da ya faru a bikin 'yar baffana. Kai za ka yi muryar uban ango, ya yi kama da kai."

Na zauna. Ranar ce kaɗai, a duk shekarun da na yi ina koyarwa, aka kaɗa ƙararrawar komawa aji ban ji ba.